Rumbun umarni da allon zuci: yadda baƙaƙe masu ƙugiya suke fitowa a kan kwamfuta

1. Gabatarwa

Duk wanda ya taɓa rubuta Hausa da kwamfuta ya san matsalar baƙaƙe huɗu: ɓ, ɗ, ƙ da ƴ. Rubutu yakan fito daidai a na'ura guda, in an kai shi wata sai ƙugiya ta ɓace, ko wani ɗan akwati ya zauna a gurbin baƙin. Wannan ba ƙaramin abu ba ne ga mai nazarin harshe, domin a rubutun yau da kullum ƙugiya kaɗai ke raba baki da baƙi, kafa da ƙafa, bari da ɓari. A cikin wannan takarda za mu bayyana hanyar da baƙi yake bi kafin ya bayyana a kan allo, sannan mu nuna abin da hakan yake nufi ga masu tattara Adaranci a Tamaske da sauran garuruwan Keita, Buza da Madawa.

2. Kalmomin da muka zaɓa

Akwai fayilolin da sunansu yake ƙarewa da DLL. Ba sa aiki da kansu. Umarni ne aka tara a ciki, kowace manhaja tana ɗiba in ta buƙata. Mun kira su rumbun umarni. Akwai kuma ƴar manhajar da take tsakanin kwamfuta da allo, wadda wasu suke kira direba. Mun fi son tafinta, domin aikinta juya magana ne, ba tuƙi ba. A ƙarshe akwai allon da ba shi da gilashi ko waya, yana cikin ƙwaƙwalwar na'ura ne kawai. Shi muka kira allon zuci, bisa kwatancin zancen zuci.

3. Daga fayil zuwa allo

Kwamfuta ba ta ajiye baƙi, lamba take ajiyewa. Idan za a nuna rubutu, manhaja tana miƙa lambar ga rumbun umarni, alal misali gdi32.dll a cikin Windows. Rumbun ya nemo siffar da ta dace da lambar a cikin fayil ɗin siffofin baƙaƙe, ya miƙa wa tafinta, shi kuma ya zana ta a allo. Ke nan abubuwa biyu ne daban: lambar da take kwance a fayil, da siffar da ido yake gani.

Kwamfutar IBM ta 1981 tana da gurabe 256 kawai. Akwai é da ç na Faransanci, amma babu baƙi mai ƙugiya ko ɗaya. Dabarar da masu bincike suka riƙa yi ita ce aron gurbi: a cire siffar wani baƙin da ba a bukata, a zana ƙ a wurinsa. Allo yana nuna ƙ, alhali lambar ta baƙin farko ce. Tsarin Unicode, wanda ya fito a 1991, shi ya ba kowane baƙi lambarsa: ɓ U+0253, ɗ U+0257, ƙ U+0199, ƴ U+01B4. Sai dai an ɗauki shekaru kafin manhajoji su bi shi.

4. Allon zuci

Katin VGA na 1987 yana ba manhajar DOS damar loda siffofinta kai tsaye cikin katin. Da Windows 3.1 ya zo a 1992, ana iya buɗe irin wannan manhaja cikin ƴar taga. A nan ba ta magana da allon gaskiya: wani tafinta mai suna VDD yana shimfiɗa mata allon zuci, wani rumbu kuma, kamar VGA.3GR, yana kwafo abin da ta rubuta ya zana shi a tagar da siffofin Windows. Sakamakon haka, rubutun da yake da ƙugiya in ya cika allo yakan rasa ta cikin taga.

Daga 1998 Microsoft ta fitar da tsarin RDP, wanda yake ba mutum damar aiki da kwamfutar da take wani gari. Kwamfutar nesa tana zana komai a allon zuci, sannan ta aiko da zanen ta hanyar sadarwa. A 2016 Windows 10 ya samar da sabon tsari na rubuta irin waɗannan tafintoci. A nan al'amarin ya juya: ƙugiya tana iya fitowa sarai ko da na'urar mai kallo ba ta da siffofin, domin zane ne ya iso gare shi, ba lamba ba.

5. Misali daga Adar

Tamaske tana cikin gundumar Keita, jihar Tawa, inda ake magana da karin harshen da Bernard Caron ya bayyana a littafinsa na 1991 kan Hausar Adar. A wannan kari ana cewa hwari a maimakon fari, kuma wannan ba ya wahalar da na'ura. Amma inda daidaitacciyar Hausa take da ƴa, Ba'adare ɗiya yake cewa. In ɗ ta zama d, sai a sami diya, wadda mai karatu zai iya ɗauka diyya ce. Shaidar da take nuna asalin ƴ daga ɗiy ita ma ta salwanta.

Mu ɗauka wani malami a Tawa yana gyaran tatsuniyoyin Tamaske da aka buga da siffofin aro, suna ajiye a wata kwamfuta a Yamai. Ta allon zuci zai ga komai daidai. Ranar da aka aiko masa da fayil ɗin kansa, sai ya tarar da wasu alamomi a gurbin ɗ da ƙ. Neman kalma ba zai yiwu ba, jeranta kalmomin ƙamus ma haka. Rubutun ajami ya fi haka bukatar kulawa, tun da haɗa baƙaƙen Larabci aikin wani rumbu ne, usp10.dll, wanda ya shigo cikin Windows 2000.

6. Kammalawa

Daga abin da ya gabata muna ba da shawara uku. Ta farko, a rubuta kowane sabon matani da Unicode, tare da siffofi irin su Charis SIL ko Doulos SIL, waɗanda ake samu kyauta. Ta biyu, kada a raba tsohon matani da fayil ɗin siffofin da aka buga shi da su, domin shi ne mabuɗin da zai nuna wane gurbi aka ara wa wane baƙi lokacin juya shi. Ta uku, kada a amince da allo kaɗai: a sa na'ura ta nemo ƙ a cikin matanin, in ba ta samu ba, to, lambar ba ta nan. Gani ya kori ji, in ji Hausawa. Amma a wannan fage gani shi ma yana bukatar shaida.