Alita: Fim ɗin da jikin talaka ya zama hajar kasuwa

A shekarar 2019 aka saki fim ɗin Alita: Battle Angel, wanda Robert Rodriguez ya ba da umarni, James Cameron kuma na cikin waɗanda suka shirya shi. An ɗauko labarin daga littafin zane na Japan mai suna Gunnm, wanda Yukito Kishiro ya fara wallafawa a 1990.

Labarin na faruwa ne a shekarar 2563, shekara 300 bayan wani ƙazamin yaƙi. Birnin Zalem na masu hannu da shuni yana reto a sararin sama, a ƙarƙashinsa kuma akwai Iron City, inda talakawa ke ƙera kayan da ake turawa sama, shara kuma ta sauko musu.

A wannan jujin ne likita Dyson Ido ya tsinci kai da ƙirjin wata yarinya rabi mutum rabi inji, ƙwaƙwalwarta ta ɗan Adam tana raye.

Wace ce ita?

Ido ya haɗa mata jikin da ya ƙera wa 'yarsa marigayiya, ya kuma raɗa mata sunanta, Alita. Ta farka ba ta tuna komai: suna na aro, jiki na aro. Sai a fagen faɗa take tuno dabarun yaƙin da aka koya mata, har ta gano cewa ita mayaƙiya ce daga duniyar Mars da aka turo yaƙar Zalem. Amma asalin nata bai yanke mata hanya ba. Ita ta zaɓi waɗanda za ta kare.

Kuɗin hawa sama

Burin mutanen Iron City shi ne su isa Zalem. Saurayinta Hugo yana kwance wa masu jikin inji gaɓoɓi, ya sayar wa attajiri Vector, wanda ya yi masa alkawarin kai shi can. Daga baya aka gane cewa waɗanda Vector ke turawa sama, a matsayin sassan jiki suke isa.

Nan ne saƙon fim ɗin yake: fasahar da ke mayar wa gurgu ƙafa, ita ce ta sa wa gaɓar talaka farashi. Hugo ya mutu yana ƙoƙarin hawa bututun da ya haɗa biranen biyu. Fim ɗin ya ƙare Alita tana nuna Zalem da takobi, birnin kuwa yana nan a sama.