Marc Lièvremont: ƙarfin kafaɗa da kaifin harshe

Duk wanda ya tashi a Sabon Gida ko a wani gari tsakanin Madawa, Buza da Keita ya san cewa da zarar an kai hatsi rumbu sai a share fage, makaɗa su ɗauko ganguna, samari su ɗaura warki. Ya kuma san abin da kan faru da ɗan kokowa in ƙarfi ya fara ja da baya: ya koma bakin fage yana gyara wa yara kamu. Tun daga 1975, lokacin da aka yi gasar takobi ta farko a birnin Tawa, kowace jiha takan nemi tsofaffin ƴan kokowarta su riƙe mata matasa. Sai dai sau da yawa gwani a tsakiyar fage yakan sha wuya a bakinsa. Labarinmu na wannan mako na irin wannan mutum ne, amma a wani wasa na Turawa da ake kira zari-ruga, kuma mutumin an haife shi a nan Afirka ta Yamma.

Wasan zari-ruga mutum 15 ne ke yin sa a kowane ɓangare, da ƙwallo mai siffar ƙwai, tsawon minti 80. Ana gudu da ƙwallon a hannu, ba a jefa wa abokin wasa shi sai ta baya, kuma wanda ya dangwala shi a ƙasa bayan layin abokan hamayya ya ci maki 5. Daga cikin 15 ɗin nan, takwas su ne ƴan gaba. Aikinsu shi ya fi kama da kokowa: su haɗa kafaɗu su sunkuya su yi turereniya da takwas na wancan ɓangare, su rungumi mai ƙwallo su kayar da shi, su ƙwace ƙwallon a ƙasa su miƙa wa masu gudu. Su ke shan gwiwa da ƙafa, masu gudu su sha tafi. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

An haifi Marc Lièvremont a Dakar ta ƙasar Senegal ranar 28 ga Oktoba 1968, inda mahaifinsa yake aikin soja. Ya girma a Argelès, wani ƙaramin gari na bakin teku a kudancin Faransa, cikin gida mai ƴaƴa takwas, bakwai maza. Biyu daga ƙannensa, Thomas da Matthieu, su ma sun sa rigar Faransa. Ya yi shekara tara yana wasa a ƙungiyar Perpignan, daga 1988 zuwa 1997, sa'annan ya koma Stade Français ta birnin Paris, inda ya ɗauki kofin Faransa a 1998 da 2000, ya ƙara na uku da Biarritz a 2002. An fara kiransa ƙungiyar ƙasa a 1995, shekarar da hukumar wasan ta duniya ta yarda a riƙa biyan ƴan wasa albashi. Kafin nan kowa da sana'arsa, wasa na ranar hutu ne.

Ba ƙato ba ne in an gwada shi da sauran ƴan gaba. Abin da aka san shi da shi shi ne kaye, da rashin tausayin jikinsa, da ƙarancin magana. Yana cikin waɗanda suka doke Niyuzilan da ci 43 da 31 a filin Twickenham na Landan ranar 31 ga Oktoba 1999, a wasan kusa da na ƙarshe na kofin duniya, bayan an bar Faransa a baya da 24 da 10. Mako guda bayan haka Ostareliya ta lallasa su 35 da 12 a Cardiff. Ciwon gwiwa ya sa ya ajiye wasa a 2002.

Daga nan ya shiga horarwa, ya fara da matasan Biarritz da na ƙasa, sai ƙungiyar Dax, wadda ya ɗauko daga rukuni na biyu ya hau da ita na ɗaya a 2007. A watan Oktoba na wannan shekara aka ba shi ƙungiyar ƙasa, bayan Bernard Laporte ya shiga gwamnati. Mutane da yawa sun yi mamaki, domin bai taɓa riƙe babbar ƙungiya ba. Ya zo da buri mai kyau, na a saki ƙwallo ya yi yawo kamar yadda Faransawa suke so, ya kuma yi ta gwada sababbin yara har masu kallo suka rasa wa za su riƙe. Amma a 2009 ya yi zaɓen da ko maƙiyansa ba su kushe ba: ya ɗora Thierry Dusautoir a kan shugabancin ƴan wasa. Shi ma ɗan gaba ne, an haife shi a Abijan a 1981, uwarsa ƴar Kwaddibuwa ce, kuma sai da ya yi judo kafin ya taɓa ƙwallon. Shi ne ya yi kaye 38 cikin wasa guda a kan Niyuzilan a 2007. Ke nan mai horo ɗan Dakar, shugaban ƴan wasa ɗan Abijan. A watan Yuni 2009 suka je har Dunedin suka ci Niyuzilan 27 da 22, a 2010 kuma suka cinye wasanninsu biyar duka a gasar ƙasashe shida ta Turai.

To, a nan ne harshe ya fara ɓata abin da kafaɗa ta gina. A Nuwamba 2010 Ostareliya ta yi musu 59 da 16 a gida. A Maris 2011 Italiya ta ci su 22 da 21 a Roma, abin da bai taɓa faruwa ba a wannan gasa. Washegari Lièvremont ya fito gaban ƴan jarida ya ce wasu ƴan wasansa sun ci amanarsa, ya kuma jingina musu ragwanci. A ganinmu ba ƙarya ya yi niyya ba. Mutum ne da ya saba faɗa wa kansa gaskiya mai ɗaci, ya ɗauka kowa haka yake. Amma abin da ɗan wasa zai jure a ɗakin sauya kaya, ba zai jure shi a jarida ba, inda matarsa da ƴaƴansa za su karanta. Ko a fagen kokowa, uban ɗakin da ya tsaya gaban makaɗa ya kira yaronsa rago, gobe wa zai shiga fage dominsa?

Hukumar wasan ta Faransa ma ba ta taimake shi ba. A watan Agusta 2011, kafin a tashi zuwa kofin duniya a Niyuzilan, ta bayyana Philippe Saint-André a matsayin wanda zai gaje shi. Ƴan wasa suka tafi da sanin cewa mai horonsu baƙo ne mai shirin tafiya. Niyuzilan ta ci su 37 da 17, sai Tonga, ƙasar tsibirai da mutanenta ba su kai na gundumar Madawa ba, ta ci su 19 da 14 ranar 1 ga Oktoba. Da ƙyar suka tsallake. Daga nan manyan ƴan wasa suka ƙara karɓar ragama a hannunsu, suka kori Ingila da 19 da 12, suka sha da ƙyar a hannun Wales, 9 da 8, alhali an kori shugaban Wales, Sam Warburton, tun kafin minti na 20. Da wasu suka fita shaƙatawa a daren nan ba da izninsa ba, ya sake zuwa gaban ƴan jarida ya kira su sangartattun yara, saura mako guda a yi wasan ƙarshe.

Har yanzu masana wasan suna gardama a kan wannan: shin faɗansa ne ya haɗa kansu, ko kuwa sun kai inda suka kai duk da shi? Abin da aka gani dai shi ne, ranar 23 ga Oktoba 2011 a filin Eden Park na Auckland, ƙungiyar da jaridun duniya suka yi wa dariya ta riƙe masu gida da ƙarfin ƴan gabanta, wato ɓangaren da Lièvremont ya fi sani. Dusautoir ya dangwala ƙwallo a farkon zagaye na biyu, aka tashi 8 da 7, Niyuzilan ta ɗauki kofi da maki guda. Faransawa da yawa sun yi ƙorafi da alƙalin wasan, Craig Joubert na Afirka ta Kudu. Aka zaɓi Dusautoir gwanin wasan, washegari kuma gwanin duniya na shekarar.

Wa'adin Lièvremont ya ƙare da wannan wasa yana da shekara 42, saura kwana biyar ya cika 43. Daga baya tashar talabijin ta Canal+ ta ɗauke shi aikin sharhi a kan wasannin zari-ruga.