Ismaila Mabo, ɗan Jos da ya koya wa Falcons karanta wasa

A ƙarshen watan Yulin 2025, lokacin da 'yan wasan Super Falcons suka shiga Fadar Shugaban Ƙasa ɗauke da kofin Afirka na goma, Abuja ta yi abin da ta saba yi idan an ci nasara. Shugaba Bola Tinubu ya ba kowace 'yar wasa lambar girmamawa ta OON, da gida mai ɗaki uku, da kuɗin da ya kai dala 100,000. Sun cancanta, domin sai da Maroko ta zura musu biyu a Rabat kafin su farke, su ƙara ɗaya. Amma wanda ya buɗe kundin tarihin ƙungiyar zai tarar cewa matakin da ya fi kowanne tsawo da ta taɓa takawa a gasar cin kofin duniya yana nan a 1999, lokacin da ta shiga cikin takwas na ƙarshe. Wanda ya kai ta can shi ne marigayi Ismaila Mabo, tsohon mai tsaron baya daga Jos.

An haife shi ranar 15 ga Yulin 1944. Jos ta wancan zamani garin kuza ce. Haƙar ma'adinai ta janyo Hausawa da Ibo da Yarabawa da Urhobo, suka zauna tare da Birom da Anaguta da Afizere, ga kuma Turawan kamfanoni da suka zo da wasanninsu. Garin yana bisa tsauni mai tsawon kusan mita 1,200, sanyinsa kuwa yana barin yaro ya wuni a fili rana ba ta kore shi ba. A irin wannan wuri, inda yaran unguwa ɗaya ke magana da harsuna huɗu a gida, tamaula ta zama yaren da kowa ke ji. Sunayen 'yan wasan da garin ya fitar sun isa shaida: Sam Garba Okoye, wanda sunansa kaɗai ya haɗa Arewa da Gabas, da Layiwola Olagbenro, da 'yan gidan Atuegbu, da shi Mabo. A tsakiyar shekarun 1960 yana cikin tawagar ɗaliban Najeriya da ta je har Ankara ta doke takwararta ta Ghana, a lokacin da Ghana ke jan zarenta a Afirka.

Sunansa ya fi haɗuwa da Mighty Jets, ƙungiyar da Alhaji Isyaku Ibrahim ya kafa a 1970. Ita ce ta lashe gasar lig ta ƙasa ta farko a 1972, kuma Mabo ya yi mata kyaftin, ya kuma buga wa Najeriya. Sai dai duk tsohon ɗan kallo a Jos zai fara labarin ne daga Kofin Ƙalubale, wanda ya daɗe yana yi wa garin wasan ɓuya. A 1972 wasan ƙarshe da Bendel Insurance a Legas ya tashi cikin gardama, aka sake shi a Ibadan, Bendel ta ci 3-2. A 1974 Rangers ta Inugu ta ci su 2-0. Ƙungiyoyin Jos sun je wasan ƙarshe sau da dama suna dawowa hannu rabbana. Wanda ya tsaya a tsakiyar baya a irin waɗannan ranaku ya san abin da masu kallo ba su cika lura da shi ba: ana iya fin abokin hamayya iya taɓa ƙwallo, a kuma sha kashi saboda minti biyar da hankali ya tafi wani wuri.

Matsayin da ya buga yana da ruwa da tsaki a irin kocin da ya zama. Ɗan gaba yakan juya wa rabin fili baya. Mai tsaron baya na tsakiya kuwa wasan gaba ɗaya yana gabansa, kamar wanda ya hau tudu yana kallon kasuwa. Shi ke ganin ɗan tsakiyar da ya yi nisa bai dawo ba, shi ke ƙirga cewa abokan hamayya uku ne ke tahowa alhali su biyu suka rage, shi ke yanke shawarar a matsa gaba a kama su da satar gida ko a ja baya a jira. Idan gudunsa ya ragu da shekaru, abin da ke ceton sa shi ne ya riga ƙwallo isa inda za ta.

Wannan shi masu harkar ke kira karanta wasa, kuma ya fi kowane fanni wuyar koyarwa. Gudu ana auna shi da agogo, bugu ana maimaita shi sau ɗari har ƙafa ta saba. Amma ta yaya ake koya wa mutum ya waiwaya kafin ƙwallo ta iso gare shi, ya san wa ke bayansa, ya tsaya a karkace yadda taɓawa ɗaya za ta fitar da shi daga matsi? Ta yaya zai gane cewa bayan ƙungiyarsa ta ci ƙwallo, mintunan da ke biye su ne mafi haɗari, don haka a riƙe ƙwallo a kashe wutar abokin hamayya? Ko kuma cewa ƙeta a tsakiyar fili da ƙeta a bakin da'irar gida ba farashinsu ɗaya ba? Hausawa sun ce hankali ke gani, ido gululu ne. Koci ba zai iya shiga fili ya yi wa ɗan wasa wannan gani ba. Iyakarsa ya dasa shi a wurin atisaye, ranar wasa kuma ya tsaya a bakin layi ya ga ko ya tsiro.

Lokacin da aka danƙa masa Falcons, ƙungiyar ba ta da sa'a a Afirka, amma a waje 'yar rakiya ce. A gasar duniya ta 1991 a Sin ta sha kashi a wasanni uku ba ta ci ko ɗaya ba. A 1995 a Suwidin, Norway ta yi mata 8-0, ta yi kunnen doki 3-3 da Kanada, Ingila ta doke ta 3-2. Wasanni shida, babu nasara. Ƙarfi da gudu ba su ne matsalar ba, domin da su take murƙushe maƙwabta. A gasar Afirka ta 1998, wadda aka yi a Kaduna da Abeokuta, Falcons ta Mabo ta ɗauki kofin ba a zura mata ko ƙwallo ɗaya ba. Irin wannan rinjaye yana da illarsa: wanda ba a taɓa matsa masa ba, bai san inda yake yoyo ba.

Amurka ce ta nuna wurin. Bayan Falcons ta doke Koriya ta Arewa 2-1 ranar 20 ga Yunin 1999, nasararta ta farko a tarihin gasar, da ƙwallayen Mercy Akide da Rita Nwadike, sai ta haɗu da masu masaukin baƙi a Chicago a gaban mutane fiye da 65,000. Nkiru Okosieme ta ci a minti na 2. Abin da ya biyo baya darasi ne da ya kamata a riƙa nuna wa kowane ɗalibin horarwa. Tsakanin minti na 19 da na 23 ƙwallo uku suka shiga ragar Najeriya, ta farkon ma 'yar gida ce ta ci gida. Kafin hutun rabin lokaci an kai 6-1. 'Yan wasan ba su daina gudu ba, ba su daina shiga ba. Abin da ya ɓace shi ne wadda za ta ɗaga kai ta ga cewa wasan ya juya, ta tattara 'yan uwanta, a rufe tsakiya har guguwar ta wuce. A zagaye na biyu ƙwallo ɗaya tak Amurka ta ƙara.

Kwana uku tsakani suka fito wa Denmark. Ƙungiyar da aka yi wa 7-1, a ƙasar da ba tata ba, yawanci ko dai ta ɓuya a gida don tsoro ko ta fita neman huce haushi ta bar baya a buɗe. Falcons ba ta yi ko ɗaya ba. Akide ta ci a zagayen farko, aka riƙe wasan da haƙuri, Okosieme ta ƙara ana dab da tashi, 2-0. A cikin kwana uku ba a ƙara wa mutum gudu ko ƙarfin cinya. Abin da ake iya gyarawa shi ne tsayuwa, da tazara tsakanin 'yan baya da 'yan tsakiya, da sanin lokacin tafiya da lokacin jira. A nan ne ake ganin hannun koci.

Wasan da ake tuna shi da shi kuwa ya zo ranar 1 ga Yuli a Landover, kusa da birnin Washington. Cikin minti 35 Brazil ta ci uku. Tsohuwar cutar ta dawo. Mabo ya yi abin da koci kaɗan ke da zuciyar yi a irin wannan mataki, ya fitar da mai tsaron gidansa ta farko, Ann Chiejine, ya sa Judith Chime. Bayan hutu 'yan wasansa suka daina jiran Brazil, suka matsa mata tun daga gidanta. Prisca Emeafu ta ci a minti na 63, Okosieme a na 72, Nkechi Egbe ta farke a na 85. Tsofaffin Jos da suka ji labarin ba za su rasa tuna Mekziko ba: a Olamfik ta 1968, tawagar maza da Sam Garba ke cikinta ita ce ta ci Brazil uku kafin hutu, Brazil ta farke duka. Bayan shekara 31 abokin wasansa ya rama masa, ko da rabi ne.

Rabi, domin jim kaɗan bayan farkewar aka ba Patience Avre jan kati, Najeriya ta shiga ƙarin lokaci da mutum goma. A minti na 104 aka yi ƙeta a wurin da bai kamata a yi ba, ga kuma Sissi, wadda ta gama gasar da ƙwallo bakwai, tana jiran irin wannan bugun tazara. Ta buga, ta ci, kuma bisa dokar lokacin wanda ya fara ci a ƙarin lokaci shi ya yi nasara nan take. Wasa ɗaya ya nuna nisan da karatun ya yi da kuma shafin da ya rage. A wannan shekarar dai Plateau United ta doke Iwuanyanwu Nationale 1-0, Kofin Ƙalubale ya shiga Jos a ƙarshe.

Ba kullum ake kwana a gado ba. A Olamfik ta Sydney a 2000 Sin da Norway da Amurka kowacce ta yi wa Falcons 3-1, duk da cewa a shekarar ta sake ɗaukar kofin Afirka a Afirka ta Kudu. Amma abin da ya faru bayan an canja hannu ya fi kowace yabo bayani. A gasar duniya ta 2003, ba tare da Mabo ba, kuma da da yawa daga cikin 'yan wasan nan, Najeriya ta sha kashi sau uku, an zura mata 11, ba ta ci ko ɗaya ba. Aka dawo da shi don Olamfik ta Atina a 2004. Ta doke Japan 1-0, ta kai zagayen 'yan takwas, har ta fara cin Jamus, mai riƙe da kofin duniya, kafin a tashi 2-1.

Adalci ya sa a faɗi cewa a 1999 ƙasashe 16 ne ke gasar, don haka daga rukuni sai cikin takwas. A 2023 kuwa 32 ne, kuma tawagar Randy Waldrum da ta riƙe Ingila minti 120 kafin ta faɗi a bugun daga kai sai mai tsaron gida ba ƙanwar lasa ba ce. Duk da haka, baƙin da aka ɗauko, daga Thomas Dennerby na Suwidin a 2019 zuwa Waldrum na Amurka, babu wanda ya wuce zagayen 'yan 16. Kofin 2025 ma ɗan gida ne, Justine Madugu, ya kawo shi.

A nan ne batun ya shafi masu zama a ofisoshin Abuja. Filin wasa yana da kwangila da takardar biya da ranar yanke ƙyalle. Tafiyar tawaga tana da tikiti da alawus. Aikin da Mabo ya yi ba shi da layi a kasafin kuɗi, ba a ɗaukar hotonsa, kuma sakamakonsa yakan fito bayan wanda ya sa hannu a fayil ya bar kujera. Shi ya sa yake zama na ƙarshe a jerin biya. Kyaftin ɗinsa ta 1999, Florence Omagbemi, ta zama koci, ta ci kofin Afirka a Kamaru a 2016. Mazauna Abuja suna tune da abin da ya biyo baya a watan Disamban shekarar: zakarun nahiya riƙe da kwalaye a hanyar Majalisar Tarayya suna neman haƙƙinsu. Omagbemi ba ta ci gaba da aikin ba. Ann Chiejine, wadda ya fitar a Landover, ita ma ta koma bakin layi tana horarwa a tawagar ƙasa. Ilimin ya wuce daga hannu zuwa hannu, amma da ƙoƙarin mutanen ne, ba da wani tsari da aka shimfiɗa ba. Tun Oktoban 2024 harkar wasanni ta koma ƙarƙashin Hukumar Wasanni ta Ƙasa, kuma tambayar da ke kan teburinta ita ce nawa ake warewa don horar da masu horarwa, idan aka kwatanta da abin da ake kashewa ranar tarbar kofi.

Jos ba ta daina haihuwa ba. Mikel Obi, wanda ya shafe shekaru fiye da goma a Chelsea yana aikin da ya dogara kacokan kan sanin inda za a tsaya, a can ya tashi, ya bi ta Plateau United. Ahmed Musa da Moses Simon ma 'ya'yan garin ne. Plateau United ta ɗauki lig a 2017. Mighty Jets ce dai ta daɗe tana fama a ƙananan rukunai, garin kuma ya sha rikice-rikicen da suka raba unguwannin da a da yaransu ke wasa a fili ɗaya.

Ismaila Mabo ya rasu a Jos ranar 13 ga Maris, 2023, yana da shekara 78, watanni huɗu kafin Falcons ta tafi gasar Ostareliya. Allah ya jiƙansa da rahama. Gasar duniya ta gaba a 2027 za a yi ta, a Brazil.