Sifesa: Faifan Da Ke Tsakanin Taya Da Mota

 Yau gareji muka nufa, wurin wani ɗan ƙarfe da ido ba ya gani idan mota na tafiya, alhali rayukan da ke cikinta suna rataye a kansa.

Duk wanda ya saba shiga Ƙofar Ruwa a Kano ko Panteka a Kaduna ya san yadda cinikin rim yake. Mai mota zai hango rim ɗan Beljiyam yana sheƙi, ya yi ciniki, ya biya, ya kai wa bakanike. Ana ɗaurawa sai a tarar bayan rim ɗin yana gogar kalifa, wato maƙatar nan da ke damƙe faifan birki. Wani kuma babu abin da ke gogar masa, sai dai tayoyin sun lume cikin bodi, shi kuwa so yake motar ta buɗe ƙafa ta cika ido. A nan ne ake jin wani ya ce, “Oga, a sa mata sifesa mana.”

Sifesa faifai ne na alminiyam, mai babban rami a tsakiya da ƙananan huji kewaye. Ana zura shi tsakanin hob, inda taya ke zama, da bayan rim. Aikinsa ɗaya tak: ya turo taya waje. Kaurinsa yana kamawa daga milimita 3 har zuwa 50. A bayan yawancin rim akwai rubutu kamar ET45, wanda ke nuna nisan da fuskar da ake ɗaurewa ta yi daga tsakiyar rim, kuma haruffan daga wata kalmar Jamusanci aka yanko su. Idan aka sa wa rim mai ET45 sifesa mai milimita 20, ya koma kamar mai ET25, tazarar da ke tsakanin tayar hagu da ta dama kuma ta ƙaru da milimita 40.

Masu kushe sifesa gaba ɗaya sun wuce gona da iri. Kamfanin Porsche da kansa ya sayar wa masu sayen motarsa ƙirar 911 sifesa mai milimita 5 daga masana'anta. A Jamus akwai kamfanoni irin su H&R da Eibach da suka daɗe suna ƙera shi, kowane da takardar gwajin da ke faɗin motar da aka yi shi dominta. Akwai ma inda buƙatar ta fi ƙarfin ado. A 2007, Toyota ta faɗaɗa gaban Land Cruiser ƙirar 70 domin injin V8 ya samu wurin zama, ta bar bayan yadda yake. Sai ƙafafun gaba suka fi na baya buɗewa da kusan milimita 95, tayoyin baya suka daina bin sawun na gaba. A kwalta abin ba ya damun kowa sosai, amma direban da ya taɓa ratsa yashi ya san wahalar motar da kowace taya ke sharar tata hanyar. A Ostiraliya, inda wannan mota ta yi farin jini, ƙa'idar gyaran motoci ba ta yarda da sifesa a kan titi ba sai wanda kamfanin motar ya sa da kansa, don haka masu kuɗi a can sukan canja akasil ɗin baya ɗungurungum.

To, wanda ya yanke shawarar sawa, da awo zai fara. Awo na farko shi ne yawan huji da faɗin da'irar da suke zaune a kai. Toyota Camry da Honda Accord duk huji 5 ne a kan da'ira mai milimita 114.3. Mercedes da Golf 5 huji 5 ne a kan 112. Golf 4 huji 5 a kan 100. Peugeot 406 huji 4 a kan 108, Hilux kuwa huji 6 a kan 139.7. Haɗarin yana tsakanin 112 da 114.3, domin bambancin bai kai milimita 3 ba, ido ba ya rabe su, kuma idan aka matsa da ƙarfi abin zai shiga. Amma kowace ƙusa za ta zauna a karkace, tana lanƙwasa kaɗan-kaɗan a duk juyin taya, har ranar da za ta karye.

Awo na biyu shi ne ramin tsakiya, kuma shi aka fi yin sakaci da shi. A kan hob akwai ɗan leɓe da ya fito, wanda rim ke hawa ya zauna daidai a tsakiya. Na Camry milimita 60.1 ne, na Accord 64.1, na Golf 57.1, na Mercedes 66.6. Ke nan sifesan da aka yi wa Accord zai shiga ƙusoshin Camry sumul, amma ramin ya yi masa yawa da milimita 4, sai ya zauna yana lilo. Sakamakon shi ne rawar sitiyari da zarar mota ta fara gudu, a yi ta kai ta wil balansin ba a ga sauƙi ba, domin ciwon ba a taya yake ba. Sifesa na kirki raminsa ya yi daidai da leɓen hob, sannan a ɗaya fuskar yana da nasa leɓen da rim zai hau. Leɓen hob gajere ne, a motoci da yawa bai wuce milimita 10 da ɗoriya ba. Shi ya sa sifesa mai milimita 8 zuwa 10 marar leɓe ya fi kowane ban tsoro: ya cinye leɓen motar, bai kuma kawo nasa ba. Waɗanda ake sayarwa masu dogayen huji barkatai, wai suna shiga kowace mota, gara a bar su a kanti.

Sai babbar magana, wadda ko an manta komai bai kamata a manta da ita ba, wato zagaye nawa noti ke yi kafin ya kama.

Mutane da yawa suna zaton ƙusoshin taya ne ke ɗauke da nauyin mota kamar yadda ƙusar bango ke ɗauke da riga. Abin da ke faruwa dai shi ne, idan aka ɗaure noti, ƙusa tana ɗan miƙewa kamar roba mai tauri, ta manne rim da hob da ƙarfin tan-tan. Wannan mannewar ce ke riƙe taya. Kafin noti ya iya ba da irin wannan ƙarfi, dole ya kama tiredi mai yawa. Ƙa'idar da masu gyara suka sani ita ce noti ya shiga aƙalla gwargwadon kaurin ƙusar. Ƙusar Toyota da Honda kaurinta milimita 12 ne, kowane zagaye ɗaya kuma noti yana matsawa milimita 1.5. Zagaye 8 ke nan. Yanzu a ce notin wata mota zagaye 9 yake yi. An zura sifesa mai milimita 5, ya cinye zagaye 3 da ɗoriya, saura ƙasa da 6. Noti zai ɗauru, sifana zai yi tauri a hannu, mai mota ya tafi yana murna, amma tiredin da ya rage ya yi kaɗan ga nauyin da aka ɗora masa. Wannan lissafi ba ya buƙatar na'ura. Da yatsa ake murza noti ana ƙirgawa, kuma mai mota yana da haƙƙin ya tsuguna a gefen bakanike su ƙirga tare.

Idan ƙirgen ya gaza, hanya biyu ce. Ko a cire ƙusoshin a buga dogaye, ko a koma ga sifesa mai kauri, daga milimita 20 zuwa sama, wanda ake ɗaure shi a jikin hob da nasa notin, shi kuma yana ɗauke da nasa ƙusoshin da rim zai hau. Wannan na biyun yana da tarko. Idan tsofaffin ƙusoshin sun fi sifesan tsawo, kawunansu za su leƙo su tokare bayan rim. In rim ɗin yana da ramuka a baya da za su haɗiye su, shi ke nan. In babu, rim zai zauna a kan kawunan ƙusa maimakon fuskar sifesa, kuma ko an ɗaure shi yau, gobe ya saki.

Motocin Turai, irin su Golf da Mercedes da Peugeot, ba su da ƙusa a hob, bol ake murzawa ciki. Su lissafinsu mai sauƙi ne: sifesa mai milimita 15, bol ya ƙaru da milimita 15. Sai a kula da wuyan bol ɗin. Na Volkswagen da Mercedes wuyansa zagaye ne kamar rabin ƙwallo, na BMW mai tsini ne kamar mazurari, yawancin rim ɗin alminiyam na asali na Toyota kuwa notinsa mai washa ne, shimfiɗe yake zama. Wuyan da bai dace da mazauninsa ba a baki kawai yake taɓawa, kuma da sannu yake cin rim har ya yi sako-sako.

Game da ƙarfen kansa, kamfanonin kirki suna sassaƙa sifesa daga alminiyam mai lamba 6061 ko 7075, da ƙusoshi masu lamba 10.9 a kai. Muna da gwanayen tona a garuruwanmu da za su iya fitar da faifai daidai da awo, amma gwaninta ba ta canja asalin ƙarfe. Narkakken alminiyam irin wanda ake zuba tukunya da shi yana da ƙananan kofofin iska a ciki, yana tsagewa ba tare da gargaɗi ba. Jera washa a kan ƙusoshi kuwa, ko ɗora sifesa a kan sifesa, wannan wasa da rai ne, kuma ba ran direba kaɗai ba. Tayar da ta cire a guje takan tsallaka hannu ta sami wanda bai san hawa ba bai san sauka ba.

Ko da an yi komai daidai, akwai farashin da mota ke biya. A tuna da ɗan garuwa da sandarsa: garwa biyu nauyinsu ɗaya, amma in ya matsar da su can ƙarshen sanda, sandar ta fi lanƙwasa. Haka boris ɗin taya yake ji idan aka ture taya waje, musamman a hanyoyinmu masu ramuka. Milimita 5 ba wani abu ba ne, 30 kuwa yana rage masa kwana. Sitiyari ma yana canjawa. Tun Audi 80 ta 1972, motoci da yawa masu ja da gaba an tsara ƙafarsu ta yadda idan birki ya fi kamawa a gefe ɗaya, motar za ta yi ƙoƙarin tsayawa kan hanyarta da kanta. Sifesa mai kauri yana rage wannan tanadi, sai sitiyari ya riƙa fizgar hannu a rami. Adalci dai shi ne a faɗa cewa rim mai ƙaramin ET yana jawo daidai wannan illa, ko babu sifesa.

Sannan ga bakin madigadi.  Mu nan motar da ta fito gareji wayam, ranar Juma'a za ta ɗauki mutum 6 da buhun shinkafa a but. In ta zauna, ta faɗa rami, bakin bodi sai ya sauko ya yanki gefen taya, inda ba a faci. Don haka a auna da kaya a ciki, a kuma murɗa sitiyari har ƙarshe hagu da dama a leƙa.

Ranar ɗaurawa, mota ta tsaya a daidaitaccen wuri, a tokare ta da abin da ya fi jak ƙarfi. A goge fuskar hob da burushin waya har tsatsa ta fita tas, domin ƙwayar tsatsa ko yashi da ta maƙale tsakani za ta niƙe a hanya, ɗaurin ya saki. Sifesa ya shiga da hannu ya kwanta lif, in sai da guduma, ba nasa ba ne. Kada giris ko baƙin mai ya taɓa tiredi. A fara noti da yatsa, a ɗaure ana tsallake ɗaya zuwa na daura da shi. Ɗaurin ƙarshe da sifana mai awo ake yi: Camry da Corolla 103 a ma'aunin Nm, Accord 108, Golf 120. Abin da aka saba gani a wurin masu faci, a zura bututu a wilsifana a hau kai da ƙafa, niyya ce mai kyau, amma yana miƙe ƙusa har ta wuce inda za ta dawo, daga nan ƙarfinta ya tafi.

Bayan tafiyar kilomita 100, kamar a ce daga Kano an wuce Wudil an dawo, sai a sake bin kowane noti da sifanan awo. Mai sifesa mai kauri sai ya cire taya, domin notin da ke riƙe sifesan yana ɓoye a bayan rim, kuma shi ne wanda babu mai gani idan ya fara kwancewa. Rawar sitiyari da ba a saba ji ba, ƙara ƙwas-ƙwas a kwana, ko baƙar ƙura da ke zubowa daga gindin noti, duk alamu ne na a tsaya nan take.

Masu Golf da Mercedes kuma su ajiye tsofaffin gajerun bol ɗinsu a but, kusa da safaya. Ranar da taya ta yi faci aka cire sifesa aka sa safaya, dogon bol zai zarce cikin hob ya taɓa kayan birki, motar ta ƙi motsi a tsakiyar hanya.