Rikicin Hanyar Gona da Burtali a Mallawa: Aikin Sarakuna, Kotu da Jandarma

A ƙaramar hukumar Mallawa, wadda take cikin gundumar Magariya kafin a mayar da ita ƙarƙashin Dungas da aka ɗaukaka zuwa gunduma a 2011, yawan jama'a ya sa gonaki sun matsi juna, har rikici kan hanyar isa ga fili ya zama ruwan dare. Wani manomi yakan nome turbar da maƙwabcinsa ke bi da amalanke zuwa gonarsa, wani kuma ya ci gefen burtali, wato hanyar da aka keɓe wa dabbobi tsakanin makiyaya da mashaya.

Dokar karkara ta Nijar, mai lamba 93-015 ta ranar 2 ga Maris 1993, ta tsara cewa kafin a kai irin wannan ƙara kotu sai an fara neman sulhu a gaban sarakunan gargajiya, daga mai gari ko harɗo zuwa sarkin yanki. Ikon sarki a nan na sasantawa ne, ba na yanke hukunci ba, kuma ko an daidaita ko an kasa, wajibi ne a rubuta takardar da ke nuna yadda aka ƙare. Wannan takarda, wadda mutane da yawa ke raina ta saboda sun saba da alkawarin baka a gaban dattawa, ita ce alƙali ke fara nema. An kuma kafa hukumomin filaye a matakin ƙauye da ƙaramar hukuma da gunduma, waɗanda ke shata burtali da ba da shaidar gado, saye, aro ko jingina, amma ba sa shari'a.

Idan sulhu ya faskara, sai alƙali ya saurari shaidu tare da masana al'adar masu ƙarar, wanda bai gamsu ba kuma yana da damar ɗaukaka ƙara.

Wurin da aka fi samun ruɗani shi ne aikin jandarma, waɗanda su ne 'yan sandan karkara. Mai ƙorafi yakan garzaya wurinsu domin ya tsorata abokin rigimarsa da sammaci, alhali ba su da hurumin faɗin mai gona ko mai hanya; nasu shi ne hana zubar da jini, binciken laifi kamar duka ko tumɓuke alamar iyaka, da taimakawa wajen zartar da hukuncin kotu. Burtali kuwa ya bambanta da turbar maƙwabta, domin dokar kiwo ta 20 ga Mayu 2010 ta ɗauke shi dukiyar al'umma, don haka wanda ya nome shi doka ya taka, ko da ya shekara goma yana girbe gero a wurin ba tare da kowa ya tanka masa ba.