Shin Ko Kun San? Wuraren Ibada na Kuala Lumpur Cikin Rabin Yini

Shin ko kun san a Kuala Lumpur, babban birnin Malesiya, baƙo kan ɗauki shatar mota da ɗan jagora bayan karin kumallo, ya ga masallaci da coci da ɗakin bautar Sinawa da na mabiya Hindu, ya koma masaukinsa Azahar ba ta wuce shi ba? Kamfanonin yawon buɗe ido na birnin suna tallata wannan zagaye na kimanin awa huɗu a matsayin hoton zaman lafiya. Haka ne, amma kowane gini yana da nasa labarin: wa ya zo garin, yaushe ya zo, wane neman abinci ya kawo shi.

Kuza ce ta kafa garin. Wajajen 1857 wani basarake mai suna Raja Abdullah ya tura Sinawa 87 su bi kogin Klang su haƙo kuza a Ampang. Zazzaɓin cizon sauro ya kashe mafi yawansu, amma an sami kuzar, sai 'yan tireda suka kafa rumfuna a inda kogin Klang ya haɗu da kogin Gombak. Wanda ya san yadda kuza ta tara ƙabilu a Jos ba sai an yi masa dogon bayani ba.

Kun san Bature ne ya zana masallacin da ke tsaye a wannan mahaɗar koguna? Arthur Benison Hubback ke nan, ma'aikacin sashen ayyuka na gwamnatin mulkin mallaka, wanda ɗan'uwansa ya zama bishop a Kalkata. An buɗe Masjid Jamek a 1909 a kan tsohuwar maƙabartar Malayawa, da ƙubbobi uku da jan bulo mai ratsin fari, irin ginin sarakunan Mogul na Indiya. Shi dai Hubback ɗin ne ya zana tsohuwar babbar tashar jirgin ƙasa ta birnin, ya ɗora mata ƙananan ƙubbobi da hasumiyoyi, har baƙo kan tsaya yana tunanin ko ita ma masallaci ce.

Shin ko kun san wurin da ya fi jan baƙi a wannan zagaye ba ma a cikin birnin yake ba? Kogon Batu yana gundumar Gombak ta jihar Selangor, kimanin kilomita 13 arewa da tsakiyar gari. Ɗan jagoran da ya san aikinsa da nan yake farawa, tun rana ba ta buɗe ba, don matakala 272 ke jiran mutum, iskar ƙasar kuwa mai ɗumi ce da laima, gumi ba ya bushewa.

Dutsen na farar ƙasa ne, masana sun ƙiyasta shekarunsa kusan miliyan 400. Kafin ya zama wurin bauta, manoman Sinawa ne ke shiga suna kwasar kashin jemage don takin lambunansu. Wani Ba'amurke masanin dabbobi, William Hornaday, ya sa sunan kogon ya bazu bayan ya ziyarce shi a 1878. Daga baya wani attajirin Tamil, K. Thamboosamy Pillai, ya dubi bakin kogon ya ga ya yi masa kama da kan mashin Murugan, ɗaya daga abubuwan bautar Hindu da Tamilawa suka fi girmamawa, sai ya keɓe masa wurin. Tun 1892 ake bikin Thaipusam a nan. Matakalar katako aka fara yi a 1920, ta siminti ta biyo baya.

Mutum-mutumin Murugan da ke gindin matakalar tsayinsa mita 42.7, an ƙaddamar da shi a Janairun 2006. Ba zinariya ba ce, kada wani ya ruɗe ku. Siminti ne da rodi, aka shafe da lita 300 na fenti ruwan gwal da aka sayo daga Tailan. Launukan matakalar ma sababbi ne: a Agustan 2018 aka yi mata fenti kala-kala, hukumar kula da kayan tarihi ta yi ƙorafi cewa ba a nemi izininta ba, masu ɗaukar hoto kuwa suka ce gaba ta kai su. A ganina fentin ya yi wa wurin talla fiye da duk wata sanarwa da gwamnati za ta biya kuɗi a yi.

Birai fa? Su ne masu karɓar haraji a hanya. Leda, ayaba, gorar ruwa, wani lokaci har tabarau, duk abin da suka gani a hannu nasu ne. Mace kuma idan tufarta ba ta rufe gwiwa ba, sai ta ɗaura zane a ƙofa kafin ta hau.

Kun san bikin Thaipusam ba daga kogon yake farawa ba? Daga tsakiyar birni ne, daga ɗakin bauta na Sri Mahamariamman, mafi tsufa na Hindu a Kuala Lumpur, wanda shi Pillai ɗin ya kafa a 1873 a matsayin na iyalinsa, aka mayar da shi inda yake yanzu a 1885. Hasumiyar ƙofarsa hawa biyar ce, an jera mata siffofi 228. A nan ake ajiye keken azurfa da ake fitarwa sau ɗaya a shekara, a watan Janairu ko Fabrairu, a ja shi cikin dare kimanin kilomita 15 zuwa Batu, ana fasa kwakwa a gabansa. Ɗaruruwan dubban mutane ke zuwa. Wasu na ɗauke da tulunan madara a ka, wasu sun soka tsinken ƙarfe ya ratsa kumatu, wasu an maƙala musu ƙugiyoyi a baya, duk don cika alwashin da suka ɗauka, bayan makonni suna kame kai daga nama da sha'awa. Akasarin kakanninsu leburori ne da Turawan Ingila suka kwaso daga kudancin Indiya don gonakin roba da shimfiɗa layin dogo.

Tsallaka titin kaɗan, ga ɗakin bautar Guan Di na Sinawa, hayaƙin turaren tsinke na fitowa ta ƙofa. Titi ɗaya ne, Jalan Tun H.S. Lee.

Shin ko kun san wanda ake girmamawa a ɗakin bautar Sinawa mafi tsufa a birnin shugaban mahaƙa kuza ne? Yap Ah Loy, wanda ya zama shugaban Sinawan garin a 1868, ya gina Sin Sze Si Ya a 1864 don tunawa da tsohon maigidansa Sheng Meng Li, da aka kashe a wani rikici kan kuza a Sungai Ujong. Ginin a karkace yake, bai bi layin titunan da ke kewaye da shi ba, saboda masu duba na Sinawa ne suka zaɓi inda zai fuskanta. Yawancin masu shatar rabin yini ba sa tsayawa nan, don lungu ne, babu wurin ajiye mota. Asara ce, ga mai son tarihi.

Inda suke tsayawa shi ne Thean Hou, mai hawa shida a kan tudun Robson, da jajayen ginshiƙai da ɗaruruwan fitilu masu kama da ƙwarya a rataye. Ganin ginin sai a ɗauka ya yi ƙarni, alhali a 1987 aka gama shi, aka buɗe a 1989. Ƙungiyar Sinawa 'yan asalin tsibirin Hainan ce ta gina shi, ta keɓe shi ga Mazu, wadda masunta da matuƙan jiragen ruwa ke neman tsari da ita, ko da yake Kuala Lumpur ba a bakin teku take ba. Jikoki ne ke riƙe da abin da ya raka kakanninsu a tsallaken ruwa. Akwai ofishin rajistar aure a ciki, kuma ranar 9 ga watan 9 akan ɗaura auren ma'aurata da yawa a lokaci ɗaya, don a wurin Sinawa tara alama ce ta daɗewa.

Kun san masallacin ƙasa na Malesiya ba shi da ƙubba irin wadda aka saba? Rufin Masjid Negara siminti ne mai naɗe-naɗe, an yi shi kamar buɗaɗɗiyar laima, hasumiyarsa mai mita 73 kuma kanta kamar rufaffiyar laima. A ƙasar da ake ruwan sama kusan duk shekara, kuma laima take cikin kayan sarauta, zaɓin ya dace. An buɗe shi ranar 27 ga Agusta 1965, yana ɗaukar masallata 15,000. Mutum uku suka zana shi: Howard Ashley ɗan Birtaniya, da 'yan ƙasa biyu, Hisham Albakri da Baharuddin Kassim. An so a sa masa sunan firaminista na farko, Tunku Abdul Rahman, ya ƙi, ya ce a bar shi masallacin ƙasa don godiya ga Allah da aka sami 'yanci a 1957 ba da zubar da jini ba. Filin kuwa coci ne a kansa tun 1922, gwamnati ta karɓa. Cikin kuɗin ginin har da gudummawar waɗanda ba Musulmi ba.

Ba wannan ne farau ba. Da ake tara kuɗin gina cocin St Mary na Angilika, wanda aka yi a 1894 kusa da dandalin 'yanci, Pillai ɗin nan mai Kogon Batu yana cikin waɗanda suka bayar.

Wanda ba Musulmi ba yana iya shiga harabar Masjid Negara a wajen lokutan salla. Za a ba shi aron doguwar riga, mace a ƙara mata mayafi, amma ɗakin sallar kansa daga bakin ƙofa zai leƙa. Ranar Juma'a da safe ba a karɓar masu yawon buɗe ido, shi ya sa mai shatar Juma'a ya kamata ya tambaya tun wuri. Bahaushen da ya yi Asuba a nan zai lura da wani abu: Malayawa Shafi'awa ne, liman na bayyana Bismillah, kuma alƙunut bayan ruku'u ake yi, a bayyane, hannuwa a ɗage, ba a asirce kafin ruku'u ba kamar yadda Malikawa suka saba.

Shin ko kun san gobara ce ta haifi unguwar Indiyawa ta Brickfields? A 1881 wuta ta cinye garin, wanda a lokacin na katako da ganyen rufi ne, ambaliya ta biyo baya a shekarar. Razdan Frank Swettenham ya ce daga yanzu sai bulo da tayil, Yap Ah Loy ya sayi fili ya kafa wurin gasa bulo. Daga baya ma'aikatan jirgin ƙasa daga Indiya da Sri Lanka suka zauna a wurin, kowa ya kafa inda zai yi ibada. 'Yan Sinhala mabiya Buda sun kafa nasu, Maha Vihara, a 1894. Mabiya Sikh kuwa aikin ɗan sanda ne ya kawo na farkonsu. A wurin ibadarsu ana dafa abinci marar nama kyauta ga duk wanda ya shigo, ba a tambayar addininsa, sharaɗi kawai ya rufe kai ya cire takalmi.

Akwai abubuwan da ɗan jagora ba zai taɓo ba sai an tambaye shi. Ƙidayar 2020 ta nuna Musulmi kashi 63.5 ne cikin ɗari na al'ummar ƙasar, mabiya Buda 18.7, Kirista 9.1, Hindu 6.1. Tsarin mulki ya ce Musulunci ne addinin tarayya, sauran addinai a yi su cikin lumana. Shi ne kuma ya ce ba a kiran mutum Bamalaye sai in Musulmi ne, ya ba jihohi ikon hana yi wa Musulmi wa'azin wani addini. Ranar 13 ga Mayu 1969, bayan babban zaɓe, faɗa ya ɓarke tsakanin Malayawa da Sinawa a titunan nan da motar shata ke bi. Gwamnati ta ce mutum 196 suka mutu, masu bincike da dama na ganin adadin ya fi haka. Dokokin da ke fifita Malayawa wajen karatu da aiki da kasuwanci, da aka fara a 1971, daga wannan rana suka samo tushe, kuma har yau ana gardama a kansu.

Wata shari'ar ma za ta ba Bahaushe mamaki. Jaridar Katolika mai suna Herald ta kai gwamnati ƙara saboda an hana ta rubuta “Allah” a shafukanta na harshen Malay. Ta yi nasara a ƙarshen 2009, aka kai wa coci-coci hari a Janairun 2010, kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin a 2013, kotun ƙoli ta ƙi sauraron ƙarar a 2014. A ƙasar Hausa kuwa Kirista da Musulmi da sunan nan suke addu'a, haka yake a Littafi Mai Tsarki na Hausa, ba wanda ya je kotu.

Kun san sarautar ƙasar karɓa-karɓa ce? Sarakuna tara ne, suna zaɓar ɗaya daga cikinsu ya yi shekara biyar a matsayin sarkin ƙasa. Kowane sarki shi ne shugaban addinin Musulunci a jiharsa, a Kuala Lumpur kuma sarkin ƙasa ne.

In hanyar komawa ta bi ta Jalan Tun Razak, ku ce direba ya nuna muku wani dogon bene mai tsukakken ƙugu. Ginin Tabung Haji ne, asusun adashin aikin hajji da aka kafa a 1963 bisa shawarar masanin tattalin arziki Ungku Aziz, don manoma su daina sayar da gona da dabbobi saboda kujerar Makka. Mutum yana zuba abin da ya samu, ana juya kuɗin a kasuwancin halal, yana jiran layinsa. Wannan tsari hukumar alhazan Nijeriya ta duba lokacin da ta ƙaddamar da nata adashin gata a 2020.