Vangelis: Yadda fina-finan namun daji suka haifar da gwanin kiɗan fim

Mai kallon fim ɗin namun daji ba ya jin kalma ko ɗaya daga bakin zaki ko barewa, amma yakan ji tsoro ko tausayi a daidai lokacin da ya dace. Yawanci kiɗa ne ke yin wannan aiki, kuma kaɗan ne suka ƙware a kansa kamar Vangelis, ɗan ƙasar Girka.

An haife shi a 1943 kusa da birnin Volos. Tun yana yaro ya koya wa kansa fiyano, kuma har ya rasu bai dogara da rubutattun alamomin kiɗa ba. A 1968 ya koma Paris, inda ƙungiyarsa ta Aphrodite's Child ta yi tashe.

A can ne ya haɗu da Frédéric Rossif, mai shirya fina-finan da ke nuna rayuwar dabbobi ta zahiri. Vangelis ya yi masa kiɗan "L'Apocalypse des animaux", wanda faifansa ya fito a 1973, sannan "La Fête sauvage" a 1976 da "Opéra sauvage" a 1979.

Wannan aiki ya zame masa makaranta. Da yake babu hirar 'yan wasa, dole kiɗan ya bi tafiyar dabba da yanayin daji. Maimakon ya rubuta wa makaɗa abin da za su buga, sai ya zauna gaban hoton, na'urorin kiɗa na lantarki kewaye da shi, musamman Yamaha CS-80, yana kallo yana kaɗawa ana ɗauka nan take.

Da wannan salo ya shiga manyan fina-finai daga ɗakin ɗaukar sautinsa na Nemo da ke Landan. Kiɗan "Chariots of Fire" ya ba shi lambar yabo ta Oscar a 1982, shekarar da "Blade Runner" ya fito.

Sai dai inda darasin Rossif ya fi bayyana shi ne fim ɗin kasada na Japan mai suna "Antarctica" na 1983. Labari ne na gaske game da karnuka 15 da masu bincike suka bari a Antatika a 1958, aka dawo bayan kusan shekara guda aka tarar biyu, Taro da Jiro, suna raye. A wurare masu tsawo babu kowa a fim ɗin sai karnuka da ƙanƙara, don haka kiɗan ne ke sanar da mai kallo yunwa, kaɗaici da juriya.

Daga baya ya yi kiɗan "1492: Conquest of Paradise", kan tafiyar Columbus, da "Alexander" a 2004.

Vangelis ya rasu a Paris ranar 17 ga Mayu, 2022, yana da shekara 79.